Watan da ba ya fitowa, ba ya faɗuwa

Ƴar Adar (Tawa): Assalamu alaikum ƴan zaure. Shawara nake nema kan labarin da nake rubutawa. Duniya ce na ƙirƙira, ba tamu ba, da garuruwanta da sarakunanta. Watanta sunansa Turke, kuma ba ya fitowa ba ya faɗuwa. Yana nan wuri guda a sama, dare da rana, tun kaka da kakanni, daidai saman wani birni da na sa wa suna Birnin Tsaka. Sarkin birnin na cewa albarkacin gidansu watan ya zauna nan, da wannan hujjar yake karɓar haraji daga duk garin da ke hango shi. Wadda labarin ke bi yarinya ce daga ɓangaren da ba a taɓa ganin wata ba, ana ce musu mutanen Baya, ta taso ta gani da idonta. Tambayata ita ce, in wata ba ya motsi, mi zai sāke a zaman mutane? Ba na son in rataya shi a sama don ado kawai.

Ɗan Fada (Yamai): Wa alaikumus salam. Ƙanwata, sarkin nan naki ya iya neman kuɗi. Abin da bai saya ba, bai rataya ba, ba ya zuba masa mai, amma shi ke karɓar kuɗin kallo.

Mushen Kimiyya (Yamai): Ƴata, abin da kika ƙirƙira akwai irinsa a sararin Allah. Wata ƙaramar duniya mai suna Pluto tana da wani babban wata, Charon, wanda aka gano a 1978. Su biyun sun riƙe juna: Pluto na juyawa sau ɗaya cikin kwana 6 da awa 9, Charon kuma a daidai wannan lokacin yake gama zagaya ta. Wanda ke gefen da ke fuskantar Charon zai gan shi wuri guda har abada, wanda ke ɗaya gefen kuwa sai dai a ba shi labari. Kumbon New Horizons na Amurka ya ratsa ta gabansu a Yulin 2015 ya ɗauko hotunansu.

Namu watan rabin aikin ya yi. Fuska ɗaya yake nuna mana kullum, shi ya sa ba a san kamannin bayansa ba sai 1959, da kumbon Luna 3 na Tarayyar Sobiyet ya ɗauko hoto. Mu dai ba mu tsaya masa ba, don haka yake fitowa yana faɗuwa. Sharaɗin naki guda ne: tsawon kwanan duniyarki da tsawon zagayen Turke su zo daidai. Ko dai kwanansu ya yi tsawo ƙwarai, ko Turke ya matso kusa ƙwarai.

Ƴar Adar: Na gode Mushe. Kwana irin namu nake so, awa 24. Ba zan iya da mutanen da ke kwana shida kafin gari ya waye ba.

Mai Parabol (Tawa): Mushe a ba ni wuri in sa baki, don wanga aikina ne. Duk kwanon parabol da kuke gani saman gidaje, abin da ba ya motsi yake kallo. Tauraron ɗan Adam ɗin yana can kilomita 35,786 saman layin da ya raba duniya arewa da kudu, yana zagaye daidai da juyawarta, shi ya sa a wurinmu yake kamar an kafe shi. In na hau soro ina juya kwanon sannu sannu, yaro na cikin ɗaki gaban tele yana ihu, "Ya zo! Ya tafi! Koma kaɗan! Tsaya nan!" Da ya ce tsaya sai in ɗaure noti tamau. Shi ke nan, sai a yi shekaru ba a taɓa shi ba, in ba iskar hadari ta ture shi ba. Kuma karkatar kwanon ta danganta da garin da kake. Waɗanda suka yi cin rani Aljeriya ko Libiya sun sani, tauraron da muke kamawa can sama a nan, su sai sun sunkuyar da kwano kafin su same shi.

Mushen Kimiyya: Madalla, ka rage mini aiki. In duniyarki na da nauyin tamu, Turke zai zauna wajen da taurarin Mai Parabol suke, kimanin kilomita 42,000 daga cibiyar duniya. Namu yana kilomita 384,400. In girmansu ɗaya, wato faɗin kilomita 3,474, mutumin Birnin Tsaka zai ga Turke ya ninka namu faɗi kusan sau goma. Ki miƙa hannunki yau da dare, kan ƙaramin yatsanki ya isa ya rufe wata. Turke sai kin haɗa yatsu uku. Faɗi sau goma kuwa yana nufin fili sau ɗari, haske ma wajen haka.

Ga inda abin ya fi daɗi. Duk surorin da watanmu ke bi cikin kwana 29 da rabi, Turke zai bi su cikin kwana ɗaya. Da tsakar rana yana kusa da rana, bayansa ke shan haske, sai a ga duhunsa. Da la'asar ya zama lauje. Da magariba rabi. Tsakar dare ya cika fal. Da asuba ya koma rabi ta ɗaya gefen. Mutanenki ba sa buƙatar agogo, ɗaga kai kawai za su yi.

Ɗan Fada: To ga shi nan, an mai da labarin yarinya darasin lise. Mushe, da girmanka, wa ya taɓa tambayar kakarsa nisan da Gizo ya yi kafin ya isa sama? Aka ce ga ta nan ga ta nanku, muka ce ta zo mu ji ta, magana ta ƙare. In ta ga dama ta ce aljani ne ya ɗaure watan da igiya, ni zan karanta. Mai karatu mutane yake nema, wa ya ci amanar wa, wa ya gudu, wa ya mutu. Ba kilomita ba.

Ƴar Adar: Yaya, tatsuniya ma ai da dokarta. Ka gwada ba yara labarin da kura ta yi wa Gizo wayo ta tsira lafiya, ka ga ko za su bar ka ka kai ƙarshe. Ba wanda ya rubuta dokar, amma kowa ya san Gizo da wayo da haɗama, kura da wauta. Ni ba zan sa lamba ko ɗaya cikin littafin ba, kuma mutanen ciki za su iya yarda aljani ne ya ɗaure shi. Amma in na ce ba ya motsi, sai in biya kuɗin maganata a kowane shafi. Cin amanar da kake nema ma daga nan za ta fito.

Ɗan Fada: Mu gani a ƙasa.

Hajiya Ungozoma (Yamai): Ƴata, maza sun tafi sama sun bar ki da ƙasa. Ni tambayata, matan duniyarki da me suke ƙidaya? Na yi aikin karɓar haihuwa har na yi ritaya. Mace ta zo awo daga ƙauye, ba ta san kalanda ba, amma ka tambaye ta sai ta ce, "Tun watan azumin tsofaffi rabona da al'ada," ko "Da cika ciki na fara jin motsi." Daga nan nake lissafa mata lokacinta, kuma da wuya mu yi nisa da gaskiya. Takaba wata huɗu da kwana goma. Yaye da wata ake faɗinsa. Zubin adashe, kuɗin haya, albashi, duk ƙarshen wata. Ke kin ɗauke musu wannan ma'aunin gaba ɗaya. Tsakanin kwana da shekara ba su da komai. Kada in buɗe littafinki in ji wata na cewa cikinta wata bakwai, zan ajiye shi.

Ƴar Adar: Inna, wannan ita ce irin maganar da na zo nema. Ke da kike cikin aikin, da me za ki maye shi?

Hajiya Ungozoma: Da arba'in. Ai muna da ita tun da can, mai jego kwana arba'in take wanka kafin ta fita. A asibiti ciki mako 40 muke lissafawa daga al'adar ƙarshe, kwana 280 ke nan. Raba shi ki gani: arba'in bakwai cif. Ungozomarki ta riƙe igiya, kullum ƙulli ɗaya, in ƙulli ya kai arba'in ta ɗaura tsumma ja. Tsumma bakwai, a ɗora ruwa a wuta. In shekararsu irin tamu ce, arba'in tara ce da kwana biyar a sama. Kwana biyar ɗin nan da ba su shiga lissafin kowa ba, ke kika san abin da za ki yi da su. Ni dai da a can nake, a cikinsu zan ci bashi.

Ɗan Fada: Hajiya ta fi sarkin iya lissafi.

Wani Ɗalibi (Yamai): Ku gafarce ni, ni abin bai kwanta mini ba. Mutum ya zauna ya tsara wata duniya da wani wata da wata rana, wannan ba shiga hurumin Ubangiji ba ne? Kuma ba ƙarya ba ce?

Malam na Zaure (Tawa): Ɗana, tambayarka ba laifi, gara a tambaya. A fahimtata, ƙarya ita ce ka faɗi abin da ba haka yake ba don a ɗauka haka yake. Wanda ya buɗe littafin ƙagaggen labari ya san ƙage ne tun daga bango, kamar yadda yaro ya san zomo ba ya magana. Ita ba ta halicci komai ba, tawada ce da takarda. Wanda ke da wata fahimta daban ina saurarensa.

Inda zan ja kunnen ƴata shi ne wajen ibada. A Suratul Baƙara, aya ta 189, an bayyana jinjirin wata a matsayin ma'aunin lokuta ga mutane da aikin hajji. Azuminmu da sallolinmu biyu a kansa suke. Kada ki ɗauki Musulunci ki kai shi duniyar da ba jinjirin wata, sannan ki zauna kina yi masa gyara don ya shiga. Ki bar mutanenki da al'adunsu na ƙage, ya fi miki lafiya.

Abu ɗaya kuma da zai amfane ki. Shekarar wata kwana 354 ce, ta gaza ta rana da kwana 11, shi ya sa azumi ke zagaya shekara cikin kimanin shekara 33. Ni na yi azumi cikin zafin Afrilu da Mayu na Tawa, wanda kafin la'asar harshe ke manne wa ganɗa, na kuma yi shi cikin sanyin hunturu. Talaka da mai kuɗi, manomi da makiyayi, kowa na samun rabonsa na sauƙi da na wuya. Mutanenki ba su da wannan. Bikin da ya faɗo cikin yunwar bazara, cikinta zai riƙa faɗowa har abada.

Wani Ɗalibi: Na ji Malam. Zan ƙara bincike dai.

Jikan Madugu (Tawa): Ni direba ne, amma kakana ayarin gishiri ya ja, Agadas zuwa Fashi da Bilma. Abin da ya sa ake ba madugu girma shi ne ya san hanya inda ba hanya, da taurari da tudun rairayi da ƙwaƙwalwarsa. A ƙarƙashin Turke wannan sana'ar ta mutu. Yaro ma ba zai ɓata ba. Inda watan yake, nan ne wajen Birnin Tsaka. Yadda ya ɗaga daga ƙasa kuwa shi ke gaya maka sauran tafiyarka. Yana bisa kanka, ka iso.

Sai ki juya abin. Mutanen da ke kwana cikin haske sau ɗari na farin wata, taurari nawa suka taɓa gani? Ko mu nan, daren sha huɗu Kaza da Ƴaƴanta da ƙyar ake tsintarta. Ke nan mutanen Tsaka in suka ƙetare zuwa Baya makafi ne. Yarinyarki kuwa ta san sama kamar tsakar gidansu. Suna mata kallon ƴar duhu wadda ba ta san komai ba, alhali duk ayarin da zai shiga Baya sai ya ɗauki irinta.

Ƴar Adar: Baba, wannan ya ba ni dalilin da zai sa ayari ya yarda ya tafi da ita. Da ina ta neman yadda yarinya ita kaɗai za ta yi wannan tafiyar. Mushe, daga ina za ta fara hango shi?

Mushen Kimiyya: Abin da ke wannan nisan ba rabin duniya cif ke ganinsa ba, ya ɗan gaza. Yana nutsewa ne in an yi nisan digiri 81 ko kusa da haka daga Tsaka, wato wajen kilomita 9,000. In raƙumi na cin kilomita 40 a yini, tafiyar kwana 225 ce. A lissafin Hajiya, arba'in biyar da rabi da ɗoriya.

Amma ki lura da yadda za ta gan shi, don ba dare ɗaya zai bayyana ba. Da farko wani haske ne kawai a gindin sama, gefe guda, wanda ba ya gusawa. Sannan bakinsa ya leƙo kamar tsinin tudu. Ba zai ƙara ɗagawa ba sai ta ƙara tafiya. In ta zauna, ya zauna. In ta koma baya, ya nutse. Daga leƙowar bakinsa zuwa fitarsa duka, a lissafina, tafiyar kilomita 500 da wani abu ce, kusan nisan Tawa da Yamai. Mako biyu tana tafiya wata na fitowa.

Jikan Madugu: Kuma a wannan tsakanin dole akwai garuruwa. Mutanen da aka haifa suka tsufa suna ganin rabin wata binne a ƙasa. Su a wurinsu dutse ne mai haske, ba abin sama ba. Za ki samu wanda ya rantse kakansa ya taɓa zuwa gindinsa.

Ƴar Adar: Garin na da suna tun yanzu, Bakin Gani. Kuma rigimar haraji a nan za ta fi zafi, tunda dokar sarki ta ce duk garin da ke hango shi. Wanda ke ganin rabi, rabi zai biya? Wanda gidansa ke cikin kwari ba ya gani, maƙwabcinsa na kan tudu yana gani fa? Zan sa mutane su riƙa tashi daga tudu suna komawa kwari, masu karɓar haraji kuma su zo da tsani.

Ɗan Fada: To yanzu kin fara magana. Mai tsanin nan shi nake son in gani. A ba shi tumbi da ɗan littafin rasit.

Hajiya Ungozoma: Ni kuma tausayin matan Tsaka nake ji. Jikan Madugu na ta yabon haske. Da zafi ina kuke kwana? Tsakar gida, kan tabarma. Su fa, tsakar dare ne lokacin da abin ya fi ƙarfi, ga shi daidai bisa kai, ba inuwar katanga da za ka raɓa. Sai rumfa ko ɗaki, cikin zafi. Yaro ba zai yi barci ba, uwa ba za ta yi ba.

Jikan Madugu: Hajiya, wanda aka haifa cikinsa ai ya saba. Ni gani nake ma za su mai da dare lokacin aiki, su yi barci da rana. Kasuwa da dare, noma da dare, ɗinki da karatu ba fitila. Ƴan mata kuwa gaɗa kullum, ba jiran farin wata.

Hajiya Ungozoma: Gaɗar da ake yi kullum wa zai fito kallonta? Daɗinta ai don ana jiranta ne. Ban yarda ba, Alhaji. Mu da muka yi aikin dare shekara da shekaru mun san jiki ba ya sabawa, haƙuri kawai yake yi.

Shugaban Zaure: Ƴar Adar, ki ba su gari biyu, kowa ya zauna nasa. A ci gaba.

Mai Parabol: Akwai abin da ban ji an taɓo ba. Sau biyu a shekara, wajen Maris da wajen ƙarshen Satumba ko farkon Oktoba, hoto kan ɗauke na ƴan mintoci, kwanaki a jere, kusan lokaci guda kullum. Rana ce ke bi ta bayan tauraron daidai saitin kwano, ƙarfinta ya danne sigina. Lokacin nan wayata ba ta hutawa, kowa na cewa na yi masa aikin banza, kafin in ɗaure takalmi hoton ya dawo da kansa. Mushe, in rana na bi ta bayan ɗan ƙarfen nan ta ɗauke hoto, in ta bi ta bayan Turke fa?

Mushen Kimiyya: Husufi ke nan, kuma ba irin namu ba. Namu na rana, komai daɗewarsa, duhun bai wuce minti 7 da rabi. A Tsaka, in duniyar ta karkata kamar tamu, rana za ta shige bayan Turke kullum da tsakar rana, har zuwa minti 20, kusan mako biyu a jere, sau biyu a shekara. A lokutan nan kuma, da tsakar dare, inuwar duniya za ta faɗa kan Turke sama da awa guda, na makonni. Zai yi ja, kamar yadda namu ya yi daren 27 ga Yulin 2018, da ya yi awa 1 da minti 43 cikin inuwa. Jan kuwa daga iskar duniya yake, ita ke lanƙwasa jan haske ta jefa shi cikin inuwar. Wannan ne kaɗai duhun dare da mutanen Tsaka suka sani.

Ɗan Fada: Kakar ɓarayi ke nan. Shekara guda suna zaman banza, sai su yi aikin awa ɗaya su huta.

Bamaraɗiya (Yamai): Na daɗe ina karantawa ban yi magana ba. Husufin ranar 29 ga Maris 2006 ina ƴar lakwal a Maraɗi. Inuwar ta biyo ta Gusau da Katsina ta shigo wajenmu da hantsi. Abin da ban manta ba, ba duhun ba ne. Hasken ne ya fara lalacewa tukuna, ya yi fari fat kamar na mara lafiya, iska ta yi sanyi, kaji suka nufi akurki. Ƙarƙashin dogon yaron gidanmu duk ɗigon hasken da ke ratsowa ta ganye ya koma ɗan lauje, ɗaruruwa a ƙasa. Maza suka tafi masallaci, yara na ta bugun gwangwani. Kakata ta tura mu ɗaki ta ja ƙofa. Mintoci kaɗan ne, amma har yau ana zancensa. Ƴar uwa, mutanenki da ke ganinsa kullum na mako biyu ba za su ji tsoro irin namu ba. Sai dai in an koya musu tsoron.

Ƴar Adar: An koya musu, Yaya. Ga yadda nake gani yanzu. Lokacin husufi sarki ke fitowa da tambura, a ce shi ke roƙon Turke ya saki rana, kuma a lokacin ake kawo harajin shekara. Kullum ana buga tambura, kullum rana na fitowa, wa zai yi gardama? Mushe, garuruwan arewa da kudu da Tsaka, rana ɗaya suke ganin husufin?

Mushen Kimiyya: A'a. Da yake Turke na kusa, kowane gari da inda yake ganinsa a sama. Na arewa da na kudu kwanakinsu za su bambanta da na Tsaka, na gabas da na yamma kuma sa'arsu za ta bambanta. Mai Parabol zai shaida, ranakun ɗaukewar hoto a nan ba su ne na Turai ba.

Ƴar Adar: To ita da ta ratso ƙasashe a ƙasa, ta ga husufi a garin da ba sarki ba tambura, rana kuma ta fito lafiya lau. Fatake ma duk sun sani, sun yi shiru ne don kasuwarsu. Ita ce ba ta san ana yin shiru ba.

Wani Ɗalibi: Me zai hana ki ƙara ƙaramin wata na biyu mai tafiya? Duniyar Mars wata biyu gare ta, an gano su a 1877, kuma ɗayan, Phobos, cikin awa 7 da minti 39 yake zagaya ta, har daga yamma yake fitowa ya faɗi gabas. Sai ki samu abin ƙidaya.

Ƴar Adar: Ƙanena, na gode, amma a'a. In na ba su wata mai tafiya, Tawa ce na sāke wa suna. Igiyar Inna ta fi mini.

Ɗan Cin Rani (Tawa): Teku fa? Na zauna Abijan, na ga yadda ruwa ke cika yana janyewa, aka ce wata ne.

Mushen Kimiyya: Jan Turke ya fi na namu watan nesa ba kusa ba, amma tunda ba ya gusawa, tudun ruwan da ya tara wuri guda zai zauna. Ɗan cika da janyewar da rana ke jawowa ne kawai za a gani.

Malamin Gona (Tawa): Na iso a makare, ina daji ba rezo. Kun yi maganar barci da ɓarayi, ba wanda ya tambayi abin da za su ci. Maiwa da wasu irin dawarmu na gargajiya ba kwanakin shuka kawai suke bi ba. Tsawon dare suke aunawa. Sai dare ya fara tsawo wajen ƙarshen damina suke fitar da kai, shi ya sa ko ka riga maƙwabcinka shuka da makonni, kusan tare za ku ga kai. An kuma san hasken fitilun titi na jinkirta furen shinkafa da waken suya a gonakin da ke bakin hanya. In dare na da haske irin wanda Mushe ya lissafa, ina zaton irin waɗannan za su yi ta kara da ganye ba zangarniya. Gero mai saurin nuna, wanda bai damu da tsawon dare sosai ba, zai iya yi. Amma duk wanda ya yi noma ya san hatsarin dogara da iri guda.

Hajiya Ungozoma: Ka ji ko, Alhaji? Hatsi ma duhu yake so.

Jikan Madugu: Hajiya ta samu mai tsaya mata.

Ƴar Adar: Malam, ke nan maiwa da dawa sai daga Baya da kwarurukan Bakin Gani za su zo. Shekarar da geron Tsaka ya ƙi, birnin da ke karɓar kuɗin haske sai ya aika ayari wajen mutanen da yake kira ƴan duhu ya sayo abinci, da kuɗin da ya karɓa. Kuma ayarin ba ya iya shiga sai da irin yarinyata a gaba. Babin da nake kai zan ɗauke shi daga fada in kai shi kasuwar hatsi. Inna, zan turo miki wajen haihuwar ki duba mini kafin kowa ya gani.

Hajiya Ungozoma: Turo, amma da manyan baƙaƙe, idona ba kamar da ba.

Ɗan Fada: Ni abu ɗaya ya rage mini. Tiyar maiwa nawa ce a Birnin Tsaka, kuma mai tsanin nan ana ba shi bashi?